Rabon Gado Daban, Riƙon Ragama Daban

A 1955, da Alhassan Ɗantata ya ji ajali ya matso, sai ya tara 'ya'yansa a Kano ya yi musu wasiyya: su haɗa kai, kada su bari kamfanin gidan ya wargaje. Attajirin da ya tara dukiya da fataucin goro da gyaɗa ya san cewa ranar rabon gado ta fi gobara cinye jari.

Shari'a ta fayyace kason kowa. Matar mamaci tana da tumuni idan akwai 'ya'ya, ɗa namiji kuma yana da rabon 'ya'ya mata biyu. Amma ba ta ambaci wanda zai hau kujerar maigida ba, wanda dillalai za su amince da maganarsa, banki ya karɓi sa hannunsa. A nan gidajen kasuwanci da yawa ke tuntuɓe. A raba shaguna da motoci, kowa ya kama gabansa, jarin da ke sayen kaya mota-mota ya koma na ɗan tireda. Babban ɗa kuwa sau da yawa ana ba shi ragama saboda shekaru kawai, ko da bai taɓa yini a shago ba.

Gidan Ɗantata ya bi wata hanya. Ahmadu ɗan Alhassan ne ya fara riƙe kamfanin. Da ya rasu a 1960, ƙaninsa Aminu ya karɓa yana ɗan shekara 29, alhali akwai yayyensa a raye, har da Sanusi mai nasa kasuwancin. Aminu ya shiga harkar tun 1948 a matsayin mai sayen amfanin gona, ya riƙe reshen Sakkwato, ya zama mataimakin Ahmadu. Shekara 12 ke nan ana gwada shi, kuma gwajin ne hujjarsa.

A Indiya kuwa, akasin haka aka gani: attajiri Dhirubhai Ambani ya mutu a 2002 bai bar wasiyya ba. 'Ya'yansa Mukesh da Anil suka yi ta ja-in-ja, har mahaifiyarsu ta raba musu kamfanin Reliance a 2005. Kamfanin sadarwar da ya faɗo hannun Anil ya durƙushe a 2019.

Ga attajiran kasuwannin Kantin Kwari da Singa da Dawanau, aikin na yau ne. Su yi wa kasuwancinsu rajista, su mai da kason magada hannun jari, su kuma fitar da magaji, ɗa ne ko 'ya, a gaban shaidu tun suna da ƙarfin yi masa gyara.