Tarihinmu na ƙarƙashin kwalta

Duk wanda ya je Salaga, a arewacin Ghana, za a kai shi ya ga tsofaffin rijiyoyi birjik a cikin gari. Masu binciken tarihi ta hanyar tono ƙasa sun bi su suna nazari, domin su ne shaidar irin taron da garin ya taɓa ɗauka, lokacin da fataken Gwanja ke sauka can da jakuna su sayi goro, bayi kuma na cikin hajar kasuwar. Da Turawan Ingila suka ci Asante a 1874, sannan yaƙin basasa ya tarwatsa Salaga a 1892, fatake suka watse. Rijiyoyin dai suna nan.

Mu mutanen Agege da Abule Egba, wannan labari namu ne, don watsewar can na cikin abin da ya kawo kakanninmu nan. Goro ya koma biyo teku zuwa Ikko. Sai ga jirgin ƙasa: ya kai Ibadan a 1901, layin ya isa Kano a 1911. Bature fa ba don mu ya shimfiɗa dogo ba, so yake amfanin gonar Arewa ya sauko bakin teku. Manoman Agege kuwa, irin su J. K. Coker, koko suka fara sa wa gaba, daga baya goro ya samu gindin zama a gonakin wannan yanki har Ota da Ifo. To, Bature ba ya cin goro. Ba a kai shi Ingila kamar koko ko gyaɗa, saboda haka cinikinsa ya zauna hannun manomi Bayarabe da ɗan kasuwa Bahaushe. A taragon da aka yi don kayan Bature, huhun goro ya riƙa hawa Arewa, shanu suna gangarowa Kudu.

Kuma goro ba ya jira. In ba a feɗe huhu an tsince mai ƙwari an sake ganye ba, an yi asara. Dole sai da mai masauki, da dillali, da amintacce a Kano wanda za a aika wa kaya bashi ba tare da takarda ba. Haka Zango ya kafu kusa da tasha, a ƙasar Awori, da masallaci da makarantar allo da maƙabarta da Sarkin Hausawa mai raba gardama. A takardun mulkin mallaka baƙi ne sunanmu, ko da an haifi uban mutum a Isale Oja.

Ga abin da ke damunmu. Salaga tana da rijiyoyinta, Kano tana da ganuwa da marinar Ƙofar Mata. Mu me za a tono? Rumfunan goronmu na katako da kwano ne, ba sa daɗewa. An buɗe gadar Abule Egba a 2017, ta Pen Cinema a 2021, an sake tashar jirgi, kuma wallahi mun ji daɗin hanya. Amma gine-gine sun tafi, ba mu ɗauki hoto ba, ba mu auna ba, ba mu tambayi dattijon da ya san rumfar wa ke ina ba.

Abin da ya rage yana cikin ɗakunanmu: tsohon allo, littafin bashi da ajami a ƙasan adaka, rasit ɗin tasha, kushewar da mutum ɗaya tak ya san mai ita. A mahautar Oko-Oba ma akwai tsofaffin da suka ga lokacin da nan duk gonaki ne, kuma bayan La'asar ana samunsu a zaune.