Daga Ahalari zuwa tsinken awon zafi: tarihin lissafin kwanakin mace

Wata ranar Litinin cikin damina, wata dattijuwa ta tsaya a tagar ɗakin maganin da nake aiki, matar ɗanta na bayanta da kai a sunkuye. Daga wani ƙauye suka zo, tsakanin Bakori da Funtuwa. Dattijuwar ta kwance bakin zanenta ta miƙo mini kwalin Clomid wanda babu komai a ciki, ta ce, "'Yar nan, irin wannan za ki ba mu. Wata huɗu ke nan tana sha, har yau shiru." A kemis suka saya, babu takardar likita.

Na ce, "Baba, ki ba ni aron ta na ɗan lokaci." Da muka keɓe na tambayi yarinyar tsawon aurenta, ta ce wata goma sha ɗaya. Na tambaye ta kwana nawa ke tsakanin al'adarta da mai bi mata, ta amsa ba tare da jinkiri ba: talatin da huɗu, wani lokaci da biyar. Ta san ranar da jini ke zuwa, da ranar da take wanka, da yawan azumin da ake bin ta. Mijinta direba ne mai kai masara Kudu, wani kuma ya gaya musu cewa mace a rana ta 14 take ɗaukar ciki, don haka yakan yi ƙoƙari wannan rana ta same shi a gida, kashegari ya kama hanya. A lissafin jikinta kuwa, ƙwanta ba ya fita sai wajen rana ta 20 ko 21, lokacin da yake can nesa.

Wannan yarinya ta gaji lissafi mai tsohon tarihi, ta kuma riƙe shi da kyau. Akwai lissafi na biyu da aka kai mata a gurguje. Tarihin su biyun nake son mu bi.

Lissafin farko daga zaure ya shigo cikin gida. Duk wanda ya yi karatun littattafai a ƙasar Katsina ya bi ta Ahalari da Ishmawi da Iziyya kafin ya kai Risala ta Ibn Abi Zaid Alƙairawani, wanda ya rasu a shekarar 996. A babin haila, malaman Malikiyya sun tsara kwanaki dalla-dalla. Wadda ta fara ganin jini, iyakarta kwana 15. Wadda ta saba, idan jinin ya zarce, sai ta ƙara kwana uku a kan al'adarta muddin ba ta haura 15 ba. Mafi ƙarancin tsarki tsakanin haila biyu, a mashahurin zance, kwana 15 ne. Alamar tsarki biyu ce, bushewar gaba ko fitar farin ruwa. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, a cikin Nurul Albab, ya zargi malaman da ke barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilcin irin waɗannan hukunce-hukunce, 'yarsa Nana Asma'u kuma, wadda ta rasu a 1864, ta kafa tsarin 'yan taru, inda jajis ke kai karatu ga matan karkara. Saboda salla da azumi da idda ne mace Bahaushiya ta zama mai ƙirga kwanakinta tun kafin a gina asibiti ko ɗaya a ƙasar nan.

Abin da wannan lissafi ke nema shi ne ranar zuwan jini da ranar ɗaukewarsa. Game da shigar ciki kuwa, kakata a wani ƙauyen Malumfashi takan ce jinin da ya daina zuwa shi ne ke taruwa ya zama ɗa, kuma mahaifa ta fi karɓa da zarar an yi wankan tsarki. Ba ita kaɗai ta ga haka ba, Aristotal na ƙasar Girka ma ya rubuta kusan irin wannan fiye da shekara dubu biyu da suka wuce. Tazarar haihuwa kuma shayarwa ce ke yin ta: goyon shekara biyu, miji ya nisanci ɗaki har yaye, wadda ta yi kunika ta sha gori. Baba ta Karo, wadda ta ba Mary Smith labarin rayuwarta a Giwa, kan hanyar Zariya zuwa Funtuwa, tsakanin 1949 da 1950, ta bayyana wannan al'ada ta goyo. Ita kanta ta yi aure huɗu ba ta haihu ba, kuma a zamaninta babu gwajin da zai gaya mata dalili.

Lissafi na biyu ya daɗe a hanya. Sai a 1827 wani masani, Karl Ernst von Baer, ya ga ƙwan dabba mai shayarwa da idonsa, a ma'ajiyar ƙwan wata karya. Ganin ƙwan bai nuna lokacin fitarsa a jikin mace ba. Likitocin Turai da yawa na ƙarni na 19 sun yi ƙiyasi da karya, wadda ke zubar da ɗan jini lokacin da take neman namiji, suka ɗauka mace ma a kusa da hailarta take sakin ƙwai. Sai suka riƙa gaya wa masu son hutun haihuwa cewa tsakiyar wata babu haɗari, alhali nan ne cikin ya fi shiga.

Zafin jiki ya shigo labarin a 1868, lokacin da wani likita a Landan, William Squire, ya lura zafin jikin mata na hawa da sauka tare da zagayen al'ada. A Amurka, likita Mary Putnam Jacobi ta bi wasu mata tana auna zafinsu da bugun jininsu da ƙarfin damtsensu, don ta rushe da'awar cewa haila na hana mace karatu da aiki. Rubutunta ya ci kyautar Boylston ta Jami'ar Harvard a 1876. A farkon ƙarni na 20, likitan mata ɗan ƙasar Holan, Theodoor van de Velde, ya nuna cewa zafin hawa biyu ne, ƙasa a kashin farko na zagayen, sama a kashi na biyu, daga baya kuma ya danganta hawan da fitar ƙwai.

Wanda ya warware ƙullin kwanakin shi ne Kyusaku Ogino, likitan mata a garin Niigata na Japan. Yakan duba ma'ajiyar ƙwan matan da yake yi wa tiyata, ya gwama abin da ya gani da ranakun al'adarsu. A 1924 ya bayyana cewa ƙwai na fita ne kwana 12 zuwa 16 kafin haila mai zuwa. Hermann Knaus na Ostiriya ya kai ga kusan wannan sakamako ta wata hanya a 1929. Ma'anarsa ita ce daga gaba ake ƙirgowa baya. Rana ta 14 daidai ce ga mai zagayen kwana 28. Mai kwana 35 sai wajen rana ta 21, mai kwana 24 kuwa tun wajen rana ta 10, jim kaɗan bayan wanka. Nan aka ga inda zancen kakata ya dace da wasu mata, ya kuma kauce wa wasu.

Dalilin hawan zafin ya fito fili bayan da George Corner da Willard Allen suka nuna a 1929 cewa gurbin da ƙwai ya bari yana fitar da wani sinadari mai riƙe ciki, wanda aka tace shi zalla a 1934, aka kira shi furojestaron. Ga yadda zagayen yake a taƙaice. Ranar farko ta jini ita ce rana ta ɗaya. Daga nan ƙwai ya fara nuna a ma'ajiyarsa, sinadarin istirojin na ƙaruwa, shimfiɗar cikin mahaifa na kauri. Wannan kashin shi ne mai tsawo ko gajarta daga mace zuwa mace, ciwo da damuwa da yunwa da shayarwa duk suna iya jinkirta shi. Sai ƙwai ya fita. Gurbinsa ya koma ɗan ƙullutu rawaya mai zubo furojestaron, shi kuma ya ɗaga zafin jiki da ɗan kaɗan, kamar 0.2 zuwa 0.5 a ma'aunin Salsiyos. Idan ciki bai shiga ba, bayan kamar mako biyu ƙullutun ya bushe, zafi ya sauka, shimfiɗar ta zube, haila ke nan. Idan ya shiga, zafin ya zauna a sama. A 1935 wani limamin Katolika a Jamus, Wilhelm Hillebrand, ya fara koya wa ma'aurata amfani da wannan awo.

Tsinken awon zafi yana da aibi ɗaya: labarin abin da ya riga ya wuce yake bayarwa, kamar manomin da ya ga lema a ƙasa da safe ya san an yi ruwa cikin dare. Ƙwai ba ya wuce awa 12 zuwa 24 da rai, maniyyi kuwa yana iya kai kwana biyar a jikin mace yana jira. Binciken da Allen Wilcox da abokan aikinsa suka buga a 1995, a kan mata 221 a Amurka, ya nuna cewa ciki na shiga ne daga saduwar da aka yi cikin kwana shida, biyar kafin fitar ƙwai da ranar fitarsa. Alamar da ke zuwa tun kafin lokacin ita ce wadda John Billings ya fara bincike a kanta a Ostireliya a 1953, daga baya matarsa Evelyn ta shiga aikin: ruwan gaba ya zama garai-garai, mai santsi da yauƙi kamar farin ɗanyen ƙwai. Wannan daban yake da farin ruwan tsarki da Risala ta ambata, amma macen da ta saba duba na tsarki ba za ta sha wahalar gane shi ba.

A ƙasarmu akwai abin da ke rikita awon zafi. A shekarun 1970, Jami'ar Ahmadu Bello da makarantar nazarin cututtukan ƙasashe masu zafi ta Liverpool sun yi babban bincike a yankin Malumfashi, suka ƙirga haihuwa da mutuwa, suka bi diddigin tsargiya da zazzaɓin cizon sauro. Zazzaɓin nan har yau yana tare da mu, musamman daga tsakiyar damina zuwa kaka, kuma zafinsa na shafe ɗan hawan da ake nema. Haka rashin barci saboda goyo, da tashin sahur a watan azumi. Wadda za ta auna sai ta nemi tsinke mai nuna lamba, ta sa a ƙarƙashin harshe da zarar ta farka da asuba, kafin ta sauko daga gado ta yi alwala, bayan barcin aƙalla awa uku, ta rubuta a littafi kullum. Idan awon kwana uku a jere ya haura na kwana shidan da suka gabace su, ƙwai ya fita. Bayan wata uku za ta ga tsarin jikinta. Idan zafin ya zauna a sama har kwana 18, ta yi gwajin ciki. Idan kuwa ya kai 38, wannan zazzaɓi ne, asibiti ya kamata ta nufa.

Mai goyo ta sani cewa ƙwai na iya fita kafin hailar farko ta dawo. Shayarwa na kare ta ne idan abu uku sun haɗu, kamar yadda masana suka daddale a taron Bellagio na Italiya a 1988: jariri bai kai wata shida ba, nono zalla yake sha dare da rana, haila kuma ba ta dawo ba. Mai son tazara da ƙirga kaɗai, akwai tsarin da Jami'ar Georgetown ta fito da shi a farkon shekarun 2000, na ƙaurace wa rana ta 8 zuwa ta 19, amma na masu zagayen kwana 26 zuwa 32 ne kawai, kuma kuskure na yawa idan miji bai ba da haɗin kai ba.

Clomid, wanda aka amince da shi a Amurka a 1967, an yi shi ne domin macen da ba ta sakin ƙwai. Wadda ke saki da kanta ba abin da zai ƙara mata sai haɗari: kumburin ma'ajiyar ƙwai, dishi-dishin gani, cikin tagwaye ko fiye, wani lokaci ma ya busar da ruwan santsin da maniyyi ke bi. Likita ne ke rubuta shi, bisa sa ido, kuma galibi ba a wuce zagaye shida. Ma'auratan da suka shekara suna tare babu ciki, ko wata shida idan matar ta haura shekara 35, su je asibiti su biyu. Haka wadda zagayenta bai kai kwana 21 ba ko ya wuce 35. A kusan rabin matsalolin rashin haihuwa akwai kason namiji, gwajin maniyyi kuma ya fi yawancin gwaje-gwajen mace sauƙi da araha.

Ban ba dattijuwar maganin ba. Na ce, "Baba, ki yi haƙuri, wannan ba nata ba ne tukuna. Ki ce wa ɗanki ya zo da kansa." Ba ta ji daɗi ba, amma ta saurara. Yarinyar kuma na zana mata layuka a littafin makaranta, na nuna mata yadda za ta ƙirgo kwana 14 baya daga ranar da take sa ran jini, ta ƙara kwana biyar kafin nan, sannan na tura su ɗakin ganin likitan mata. Haihuwa ta Allah ce, Shi ke bayarwa a lokacin da Ya so. Abin da ke hannunmu shi ne kada a ɗora wa yarinya laifi, ko a ɗura mata magani, a kan lissafin da aka yi da kwanakin wata mace daban.