Shari'ar Hadiya: 'yancin baligi na sauya addini da haramcin tsare shi

Shari'ar Hadiya ƙara ce da Kotun Ƙolin Indiya ta yanke a 2018, wadda lauyoyi ke kafa hujja da ita idan aka zo batun baligin da ya sauya addini iyalansa kuma suka hana shi fita. Tambayar da kotu ta amsa ita ce: shin iyaye, ko ita kanta kotu, na da ikon killace mace mai shekara 24 saboda ba su gamsu da addinin da ta zaɓa da mijin da ta aura ba?

Yadda lamarin ya faro

Hadiya 'yar garin Vaikom ce a jihar Kerala, kudancin Indiya. An haife ta a gidan mabiya addinin Hindu, da suna Akhila. Tana karatun aikin magani a birnin Salem na jihar Tamil Nadu ne ta karɓi Musulunci, ta kuma sauya suna. A watan Janairun 2016 mahaifinta ya shigar da ƙara a Babbar Kotun Kerala yana zargin wasu sun tsare 'yarsa. Ta bayyana gaban alƙalai ta ce babu wanda ya tsare ta, kotu ta kori ƙarar. Bayan wasu watanni ya sake komawa kotu. Ana cikin wannan ƙara ta biyu, a Disambar 2016, ta auri wani Musulmi mai suna Shafin Jahan.

A ranar 24 ga Mayun 2017 Babbar Kotun ta raba auren, ta kuma damƙa Hadiya a hannun iyayenta, bisa hujjar cewa mace mai irin shekarunta tana da rauni kuma ana iya yaudararta. Ta shafe kusan wata shida a gidan iyayenta, 'yan sanda na gadin ƙofa.

Hukuncin Kotun Ƙoli

Mijin ya ɗaukaka ƙara. Da farko Kotun Ƙoli ta sa hukumar binciken manyan laifuka ta ƙasa, NIA, ta binciki lamarin. A ranar 27 ga Nuwambar 2017 alƙalai suka saurari Hadiya da bakinta, ta ce 'yancinta take so, suka ba da umarnin ta koma Salem ta ci gaba da karatu. A ranar 8 ga Maris na 2018 alƙalai uku, wato Alƙalin Alƙalai Dipak Misra da A.M. Khanwilkar da D.Y. Chandrachud, suka soke hukuncin Babbar Kotun suka maido da auren. Cikakkun dalilansu sun fito a watan Afrilu.

Dalilan sun tsaya kan abu uku. Na farko, ƙarar da mahaifin ya shigar irin wadda ake kira habeas corpus ce, wato neman kotu ta sa a kawo wanda ake zargin an tsare domin a duba halaccin tsarewar. Tunda Hadiya ta bayyana ta ce ba a tsare take ba, aikin kotu ya ƙare nan, ba ta da hurumin taɓa aurenta. Na biyu, zaɓen abokin aure na cikin 'yancin rayuwa da walwala da sashe na 21 na kundin tsarin mulkin Indiya ya kare, kamar yadda sashe na 25 ya kare 'yancin addini. Na uku, ikon da kotu ke da shi na tsayawa a matsayin waliyyi ya shafi yara da waɗanda ba su da cikakken hankali, bai kai ga baligi mai hankali ba.

Abin da dokokin duniya suka tanada

Sashe na 18 na Sanarwar Haƙƙin Ɗan Adam ta 1948 ya ambaci 'yancin sauya addini ƙarara. Yarjejeniyar 'yancin jama'a da na siyasa ta 1966, wadda Indiya da Nijar da Najeriya da Ghana da Kamaru da Cadi da Sudan duk suka shiga, ta hana tilasta wa mutum ta hanyar da za ta tauye masa zaɓen addini. Wannan hani ya haɗa da tilasta masa shiga wani addini da kuma tilasta masa zama a cikinsa. Sashe na 9 nata ya hana tsare mutum ba bisa ƙa'ida ba. Yarjejeniyar ta amince da haƙƙin iyaye na tarbiyyar 'ya'yansu a kan addininsu, sai dai wannan haƙƙi bai ba su damar kulle baligi ba. Yarjejeniyar Afirka ta 1981 ta kare walwala a sashe na 6, 'yancin addini kuma a sashe na 8.

A ƙasashen da Hausawa ke zaune

Hukuncin Indiya ba ya hawa kan kotunan Afirka, amma tambayar iri ɗaya ce. Sashe na 38 na kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya ambaci 'yancin sauya addini, kundin Ghana na 1992 ya kare 'yancin addini a sashe na 21. A Sudan, sashe na 126 na dokar laifuka ta 1991 ya tanadi hukuncin kisa kan ridda. Da shi aka yanke wa Maryam Yahya Ibrahim hukunci a 2014 kafin kotun ɗaukaka ƙara ta sake ta, an kuma soke sashen a Yulin 2020. A ƙasashen da ke aiki da tsarin shari'a irin na Faransa, kulle mutum ba da izinin doka ba laifi ne da ake kira séquestration, ko da ɗan uwa ne ya aikata.

Iyali na da damar nasiha, da kiran malamai ko dattawa su sa baki, da kai ƙara idan suna da hujjar an yi wa ɗansu barazana ko an sace shi. Doka ba ta ba su damar kulle ɗaki, ko ƙwace takardun shaida, ko hana baligi ganin lauya ba. Idan wanda abin ya shafa bai kai shekarun balaga na dokar ƙasar ba, dokokin kare yara ne ke aiki a kansa.