Egwu: Kiɗa da Rawa a Tarihin Mulkin Al'ummar Ibo

A harshen Ibo kalma guda ce, wato egwu, ke ɗauke da ma'anar waƙa da kiɗa da rawa. Tun a 1789 Olaudah Equiano, wanda ya ce daga ƙasar Ibo aka sace shi aka sayar, ya bayyana a littafinsa cewa mutanensa kan yi bikin kowane babban al'amari da rawa a dandali.

Dalilin haka yana cikin tsarin zamansu. Galibin garuruwan Ibo ba su da sarki mai cikakken iko. Dattawa da ƙungiyoyin tsara da taron gari su ke zartar da hukunci. A ƙasar Hausa tambari na sarki ne. A can kuwa ikoro, wani makeken gungume da aka rarake cikinsa, mallakar gari ne, ana kaɗa shi domin shelar yaƙi ko rasuwar babban mutum. Da ogene, wato kugen ƙarfe, mai shela ke kiran taro, da sarewar oja kuma ake yi wa maza kirari. A Ohafia, jagoran rawar yaƙi kan ɗauko katako mai sassaƙaƙƙun kawunan mutane, mawaƙi na lissafo jaruman da suka shuɗe. Ta haka zuriya ke riƙe tarihinta ba tare da rubutu ba.

Mata ma suna da nasu hukuncin. Idan namiji ya zalunci mace, sukan kewaye gidansa da rawa da waƙoƙin zambo har ya tuba. Wannan al'ada ce suka juya kan Turawan mulkin mallaka da hakiman da suka naɗa. A watan Nuwamba na 1929, ƙidayar da aka fara a Oloko ta haifar da tsoron za a ɗora wa mata haraji. Suka yi wa hakimi Okugo ƙawanya da waƙa, aka tuɓe shi aka ɗaure. Boren ya bazu a lardunan Owerri da Kalaba, dubban mata suka far wa kotuna. Sojoji suka buɗe wuta, mata fiye da 50 suka rasu.

Turawa sun ɗauki abin a matsayin tarzoma, alhali matan shari'a suke zartarwa bisa al'adarsu. Ba a ɗora musu harajin ba, kuma bayan bincike aka shiga rushe tsarin hakiman naɗi a shekarun 1930.