Ganin Launi a Juye: A Fara Duba Ido Kafin a Tuhumi Hankali

A tatsuniya da ƙagaggun labarai, duk wanda ya ga duniya da launin da jama'a ba sa gani, to ko dai aljanu sun shafe shi ko kansa ya taɓu. A duniyar Gizo da Ƙoƙi wannan ba laifi. Ɓarnar tana farawa ne idan aka yanke wa mutum mai rai irin wannan hukunci. A ɗauki yaron da aka tura tsinkar tumatir a fadamar Goronyo ya dawo da kwando cike da ɗanye da nunanne a gauraye, ko dattijuwa a Rabah da ta dage cewa farin mayafinta ya koma ruwan ɗorawa. Shi a kira shi sakarai, ita kuma a ce ruɗun tsufa ne, ko a aika a kira mai ruƙiyya. Ra'ayina shi ne, mafi yawan irin wannan ruɗani a ido yake ko a jini, kuma kai shi babin hauka zalunci ne da ke jawo asara.

Hujja ta farko gado ce. A tantanin da ke can bayan ido akwai ƙwayoyi iri uku masu karɓar launi, kuma idan irin da ke karɓar ja ko mai karɓar kore ya samu naƙasu sai ja da kore su rikice wa mutum. Ta wajen uwa ɗa namiji ke gadon wannan, shi ya sa ya fi yawa a maza. A arewacin Turai yana kama kusan namiji 1 cikin 12, a Afirka bai kai haka ba, amma akwai shi. John Dalton, masanin kimiyya na Ingila, ya bayyana nasa a 1794, ya kuma faɗi cewa ɗan'uwansa ma haka yake gani. Mutumin da ya kafa harsashin nazarin ƙwayar zarra ba za a ce hankalinsa da sauran gyara ba. A 1995 aka gwada ragowar idonsa da aka adana, aka tabbatar ƙwayar da ke karɓar kore ce babu.

Hujja ta biyu ta fi tsananta, domin ita jinkiri kan kai ta ga makanta. Yanar ido idan ta tsufa takan rine, sai komai ya ɗauki launin rawaya ko ƙasa-ƙasa, shuɗi ya dushe. Haka ta faru da mai zanen Faransa Claude Monet kafin a yi masa aiki a 1923. Magunguna ma suna yi. Digoxin na ciwon zuciya idan ya yi wa jiki yawa yakan sa a ga rawaya. Ethambutol kuwa, ɗaya daga cikin magungunan tarin fuka, yakan taɓa jijiyar gani, kuma rikicewar ja da kore na cikin alamominsa na farko. Idan likita ya ji da wuri ya canza magani, sau da yawa gani yana dawowa. Idan majinyacin ya shafe watanni ana masa turare da tofi, mai yiwuwa ganin ya tafi ke nan.

Za a ce ai ƙwaƙwalwa ce ke gani, ido taga ce kawai. Gaskiya ne, har akwai waɗanda bugun jini ya lalata musu sashen ƙwaƙwalwa mai fassara launi, duniya ta koma musu toka-toka. Amma wannan ma rauni ne na jiki, kuma ba kasafai ake samunsa ba. Mai taɓin hankali na haƙiƙa da ke buƙatar asibitin Kware yana da alamomin da suka wuce launi nesa. Za kuma a ce gabashin Sakkwato na fama da 'yan bindiga da zazzaɓin cizon sauro, ina ake ta launi, balle na gado da ba shi da magani? Amsar ita ce gwajin ba ya cin komai. Littafin da likitan Japan Shinobu Ishihara ya fitar a 1917, mai lambobi ɓoye cikin ɗige-ɗige masu launi, ba ya buƙatar lantarki, kuma cikin 'yan mintuna an gama. Yaron da ya san halinsa tun yana firamare ya huta da bulala, kuma ba zai ɓata shekaru yana neman aikin da gwajin launi zai hana shi ba.

Wannan tunani ba baƙo ba ne a ƙasar nan. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya zauna a ribaɗin Wurno kuma aka binne shi a can a 1837, ya rubuta littafi sukutum a kan maganin ciwon ido. Malamin da ya fi kowa sanin addu'a ya ɗauki ido a matsayin gaɓa mai cuta da magani. Don haka ina kira ga hukumomin lafiya da na ilimi na Wurno da Rabah da Goronyo da su ajiye littafin Ishihara a asibitocin da ake ba da maganin tarin fuka, su kuma koya wa malaman firamare yadda ake amfani da shi.