Garmaho da Kaset a Ƙasar Tambuwal da Kebbe

Ɗaukar muryar da ake iya sake saurara ta fara ne a Amurka a 1877, lokacin da Thomas Edison ya ƙera na'urar da ke zana sauti a jikin wani ɗan gwangwani, ta kuma maido shi. Bayan shekara goma Emile Berliner ya fito da garmaho mai faifai. Shi ne ya iso ƙasar Hausa a zamanin Turawa, a hannun sarakuna da attajirai da ma'aikatan En'e. Ana wana shi da hannu, a ɗora allura a kan faifan. In wanin ya kusa ƙarewa sai muryar mawaƙin ta yi nauyi, ta riƙa ja. Kowane gefe minti uku yake ɗauka ko ɗan fiye, ga shi faifan ba ya jure faɗuwa ko zafin rana.

Minti uku kuwa ba ya isar makaɗin fada, wanda kan yi dare yana jero kakannin sarki 'yan amshi na karɓa. Dole a datse.

A garuruwa irin Tambuwal, da ke kan hanyar Sakkwato zuwa Jega, da Kebbe can kudu, babban sauyin ya zo ne ta rediyo. Tun da aka buɗe Rediyon Kaduna a 1962, waƙar da a da sai a ƙofar fada ake jin ta ta shiga zauren talaka. Manomi ya ji Narambaɗa yana wasa Sarkin Gobir na Isa, ya ji Salihu Jankiɗi, makaɗin Sarkin Musulmi Abubakar na Uku, bai taka ko'ina ba. Da kamfanin Philips ya fito da kaset a 1963, kuma rikoda ta yi araha daga baya, sai kowa ya iya ɗauka da kansa. Direbobi suka ɗauki Ɗanƙwairo da Ɗan Anace kasuwa-kasuwa.

Malamai ma sun ci moriyar abin. Tafsirin Shaihu Abubakar Gumi, ɗan Gummi mai maƙwabtaka da Kebbe, ta rediyo da kaset ya yaɗu, ya tayar da muhawarar addini har a ƙauyuka.

Abin da ya fi daraja a tsofaffin kaset ɗin nan shi ne Sakkwatancin da ke cikinsu, da lafazinsa da kalmomin da bakin matasa ya fara saki. Da yawa suna nan cikin akwatuna, zarensu yana manne wa juna saboda zafi, ba a juye su ba.