Ikon Kwaleji da Ikon Jami'a a Zaɓen Ƙungiyar Ɗalibai: Nazari kan Shari'ar Kerala da Rahoton Lyngdoh

Tsakure

Wannan maƙala ta nazarci taƙaddamar da ta taso a Indiya kan wanda ke da hurumin tsara zaɓen ɗalibai a kwalejojin da ke ƙarƙashin jami'a. Ta dogara ne kan hukuncin kotuna da rahoton kwamitin Lyngdoh na 2006. Abin da ta gano shi ne hukumomi biyu sun yi ta ja-in-ja, masu zaɓen kuwa ba a ba su bakin magana ba.

Tushen Rikicin

A Indiya jami'a ɗaya kan riƙe kwalejoji masu yawa. Ita ke tsara manhaja, ta shirya jarrabawa, ta ba da digiri, amma gini da tarbiyyar ɗalibai suna hannun masu kwalejin. To, zaɓe a wane ɓangare ya faɗa?

A jihar Kerala jami'o'i sun umarci kwalejoji su yi zaɓen kai-tsaye, kowane ɗalibi ya jefa wa shugaban da yake so ƙuri'a. Shugabannin kwalejoji suka ƙi, suka nemi kowane aji ya fid da wakili, wakilan su zaɓi shugabanni. Hujjarsu ita ce yajin karatu da faɗace-faɗacen ƙungiyoyin da ke jingine da jam'iyyu, irin su SFI ta 'yan gurguzu da KSU ta jam'iyyar Congress. Hujjar tana da ƙarfi, sai dai akwai lauje cikin naɗi: wakilai 'yan ƙalilan sun fi dubban ɗalibai sauƙin lanƙwasawa. A 2004 Babbar Kotun Kerala ta goyi bayan kwalejoji, Jami'ar Kerala ta ɗaukaka ƙara zuwa Kotun Ƙolin Indiya.

Rahoton Lyngdoh

Kotun Ƙoli ta sa a kafa kwamiti ƙarƙashin J.M. Lyngdoh, tsohon shugaban hukumar zaɓen ƙasar, kuma ta amince da shawarwarinsa a watan Satumba na 2006. Kwamitin ya ƙayyade cewa kada ɗan takara ya kashe fiye da rupi 5,000, ya kasance ya halarci kashi 75 cikin ɗari na darussa, mai karatun digirin farko kuma kada ya wuce shekara 22. Ya hana fastocin da aka buga a maɗaba'a. A kan salon zaɓe kuwa, wanda shi ne asalin ƙarar, ya bar ƙofa a buɗe ga tsari fiye da ɗaya.

A ganina nan raunin yake. An ɗaure ɗan takara tamau, an saki hukuma. Sharaɗin halartar darasi ma makami ne, domin rajistar tana aljihun kwalejin da ɗalibin zai ƙalubalanta. Ya dace jami'a ta riƙe sauraron ƙorafi da tilasta yin zaɓe a kan lokaci, salon kuma kwaleji ta tsayar da shi tare da ɗalibanta. Misalin wannan rauni shi ne: a Jami'ar Jawaharlal Nehru, inda ɗalibai suka daɗe suna gudanar da zaɓensu da kansu, Kotun Ƙoli ta dakatar da shi a 2008 saboda saɓa ƙa'idojin Lyngdoh, ba a sake yi ba sai 2012.